Awon Zuwaira a Kan Tabarya

Yanzu idan la'asar ta yi a unguwarmu ta Nima, ƙarar inji kake ji. Wani mutum ya kafa injin daka fufu a bakin layinmu, mata su zo da dafaffen rogo da ayaba cikin roba, kafin su gama gaisawa an miƙo wa kowacce nata sumul, ba gudaji ko ɗaya. Ni ma can nake aikawa, don kafaɗun nan nawa sun daɗe da gajiya, kuma ba zan yi ƙarya in ce fufun ba daɗi ba. Sai dai kwanakin baya na tashi neman tabarya a gidan nan, gida mai hawa uku, iyalai sun fi goma, na bi ɗaki ɗaki ban samu ko guda ba. Wata amarya har tana tambayata me zan yi da ita. Na dawo na zauna, abin ya tsaya mini a rai yini guda, domin ni ba fufu kaɗai tabarya ta yi mini a duniya ba. Da ita na auna ƙanwata tana da kwana shida da haihuwa.

A wancan zamanin nan wurin ba bene ba ne. Gida ne irin na Zango, unguwar baƙi, ɗakuna a jere sun kewaye tsakar gida, kwanon rufi ya yi ja don tsatsa, idan iska ta juyo ka ji warin babbar kwata. Akwai mu Hausawa, akwai Dagomba, akwai Kotokoli, akwai Zabarmawa masu sayar da ruwa a garwa, da wani tela da kekensa ke bakin zaure. Kowa da yarensa a ɗaki, amma a tsakar gida Hausar Zango ake yi, a jefa Tuwi, a jefa Ga, a jefa Turanci, kuma kowa na gane kowa. Da asuba ladanin layinmu zai fara, na bayan kwata ya karɓa, sai ƙarar bokitai a layin famfo, sai firfita tana kaɗa gawayi, sai masu trotro, wato motocin haya, a bakin titi suna kiran fasinjan Kokomlemle da Alajo. Da la'asar kuwa tabare ne ke magana. Daga kowane gida kana jin dum, dum, dum, har ƙasa na amsawa a tafin ƙafarka, kuma mu yara muna iya gaya maka gidan wa ake daka da wadda ke dakan, don kowace mace da irin saukar hannunta.

Tabaryar da ta fi kowacce a gidanmu ta Kaka ce, mahaifiyar Baba. Daga Kumasi ta zo da ita tun kafin a haife ni, tabarya ce da ta fi Baba tsawo, kanta ɗaya mai kauri, ɗayan siriri, jikinta ya yi sulɓi da gumin shekaru. Ba a aron ta. Kaka tsohuwa ce mai kaifin baki, iyayenta daga ƙasar Kano suka zo da fataucin goro, ita kaɗai ke yin cikakkiyar Hausa a gidan. Idan muka ce wa mace "ya zo" sai ta ja kunnenmu ta ce mace ce, "ta zo" ake cewa, ba a haife mu a jirgin ruwa ba. Ni kuwa 'yar boko take kirana. Kullum cewa take hannuna ya yi laushi da riƙon fensir, wai idan na ɗaga tabarya turmi dariya yake yi mini. Gaskiyarta ne. Ina kona miya, ina ɓarar da ruwa a hanyar famfo, ina manta wanki a igiya har ruwan sama ya sake wanke shi. Abu ɗaya na iya, shi ne lissafi, shi kuma ba a ga amfaninsa a madafa.

Shekarata goma sha huɗu lokacin da malaminmu na kimiyya, wani dogo ɗan ƙabilar Ewe da muke kira Ticha kawai, ya shigo aji da rula doguwa da zare da wani dutse da ya tsinto a filin makaranta. Ya tambaye mu nauyin dutsen. Muka ce a kawo sikeli. Ya ce sikelin makaranta ya mutu tun kafin a kawo shi aiki, kuma ba ya buƙatarsa. Ya rataye rular da zare a tsakiyarta ta tsaya a kwance, ya ɗaure dutsen a gefe guda, ya ɗaure wani ƙarfe da ya san nauyinsa a ɗaya gefen, ya yi ta matsar da ƙarfen a hankali har rular ta sake kwanciya daidai. Sai ya rubuta a allo cewa nauyi sau nisansa daga wurin rataya a wannan gefe, daidai yake da nauyi sau nisansa a wancan gefe. Ka san uku, na huɗun ba shi da wurin ɓuya. Ban san yadda zan kwatanta abin da na ji ba. Ashe ƙaramin abu zai iya ɗaga babba idan ya yi nisa, ashe zare da sanda za su iya faɗin abin da ido bai sani ba. Makonni na yi ina rataye cokula da takalma a jikin tsintsiya, har Mma, mahaifiyata, ta fara tunanin ko a nemo mini rubutu.

Shekarar ce ta yunwa. Damina ta ƙi, gonaki suka ƙone a ƙauyuka, kasuwar Nima ta zama tebura ba kaya. Mma wake da shinkafa take sayarwa a bakin titi, sai da ta daina, don ba shinkafar ba waken. Tabare ma suka yi shiru, sai jefi jefi. Cikin wannan hali Mma ta haihu, ciki bai cika wata takwas ba. Bakwaini ce, mace. A wani ƙaramin gidan haihuwa aka karɓe ta, aka rubuta a kati cewa laba huɗu da rabi ce, bayan kwana biyu aka sallamo su don ba abin da za su iya yi mata a can wanda ba za a yi a gida ba. Aka ce a riƙa ba ta nono zalla, a manna ta a ƙirji don ɗumi. Da na fara ganinta sai da na ja da baya. Cinyarta ba ta fi babban yatsan Baba ba, fatarta ta yi mata yawa, kukanta kamar na ɗan kyanwa.

Kafin ita Mma ta binne jarirai biyu, duk ba su kai wata ba. Wannan ne ya sa a kwana na biyar Kaka ta yanke hukunci. Ta ce ta duba yarinyar da idonta, kullum raguwa take, kuma ba wani abu ba ne illa nonon uwar ya lalace, shi ya tafi da na farko da na biyu. Ta ce da an yi suna za ta ɗauke jaririyar zuwa ɗakinta, a raba ta da nonon, a riƙa ɗiga mata tataccen koko. Ba mugunta ce ta sa ta ba. Kaka ta haifi tara, uku suka rayu, kuma a tsorace take kamar kowa. Abin da ya fi tayar mini da hankali shi ne Mma ba ta musa ba. Ta fara yarda cewa guba ce a ƙirjinta. Tana shayarwa tana kau da kai, hawaye na sauka a kan zanen goyo. Baba kuwa direban tifa ne, mutum mai shiru, ya rasa wadda zai bi tsakanin uwarsa da matarsa, sai ya riƙa daɗewa a masallaci.

Ina wanke tukunya a ranar abin ya faɗo mini. Gardamar duka a kan abu ɗaya ce, yarinyar raguwa take ko ƙaruwa, kuma wannan ai nauyi ne, nauyi kuwa ana iya nemo shi. Na bar tukunyar da kumfa na ruga wajen Baba. Shi da farko sikelin mahauta ya kawo shawara, tunda Kaka ta rantse jaririyar ba za ta shiga trotro zuwa asibiti ba sai an yi arba'in. Da Kaka ta ji zancen sikelin nama sai ta aje carbinta ta ce jikarta ba tsokar saniya ba ce. Na ce ba sikelin nake so ba, dutsen awo ɗaya kawai nake so, da igiya, da tabaryarta. Ta dube ni daga sama har ƙasa. Baba ne ya lallaba ta, ya ce a bar ni in yi, in ban da ɓata lokaci ba abin da za a rasa.

Washegari da hantsi na tafi rumfar mahauta wajen Baba Dogo, wani Ba'adare abokin Baba. Na yi masa bayani ina haɗa kalmomi don zumuɗi, ya saurara har ƙarshe yana korar ƙuda da tsumma. Bai gane ba, amma ya jawo dutsen laba biyu, baƙin ƙarfe mai zobe a ka, ya goge shi da gefen rigarsa ya miƙo mini. Ya ce in riƙe har in gama, don rabon da wani ya sayi nama laba biyu a lokaci guda a shekarar nan har ya manta. Na biya wajen telan gidanmu na ari tef ɗin awonsa, na dawo ina gudu, dutsen yana dukan cinyata a cikin zani.

A ɗakin Mma muka kafa abin. Baba ya hau kujera ya zura igiya a katakon rufi. Tabaryar ba rular Ticha ba ce, kai ɗaya ya fi nauyi, saboda haka tsakiyarta ba ta yi aiki ba. Sai da na yi ta matsar da igiyar wajen kaurin har ta kwanta a iska ba ta karkata ko'ina, ina gwada ta da layin katakon taga. Na auna inci goma daga igiyar zuwa wajen kai mai kauri, na ɗaure kwandon da Mma ke zuba albasa, na shimfiɗa tsohon zani a ciki. Nan take gefen ya yi ƙasa, don kwando ma yana da nasa nauyin. Na ƙulla yashi a tsumma na rataye a ɗaya gefen, ina ragewa ina ƙarawa har tabaryar ta koma daidai, don kada in auna kwando in ce yarinya ce. Muka tara matasan kai a ƙasa, tsakaninsu da gindin kwandon bai fi taƙi ɗaya ba. Kafin in gama, bakin ƙofa ya cika da matan gida. Wani Bazabarme mai garwa ya leƙo ta taga ya ce ai wannan abin da suke yi ne kullum, idan garwa ɗaya ta fi cika sai ka matsar da kafaɗarka wajenta. Kaka ta ji wannan, na ga ta ɗan gyara zama.

Na yi lissafina tun kafin a sa ta. Laba huɗu da rabi sau inci goma, arba'in da biyar ke nan. A raba da laba biyu na dutse, ashirin da biyu da rabi. Na ɗaga murya yadda kowa zai ji, na ce idan dutsen ya tsaya a inci ashirin da biyu da rabi, yarinya tana nan yadda aka haife ta, idan ya wuce nan ta ƙaru. Na faɗa da ƙarfin zuciya don ban taɓa kawowa a raina zai tsaya kafin nan ba. Mma ta kwantar da ita a kwandon da hannu biyu, Baba ya tallafi gindin. Na rataya dutsen a ashirin da biyu da rabi na ce ya saki a hankali.

Dutsen ya yi ƙasa, kwandon ya yi sama.

Na matso da shi ciki, ashirin da biyu, har yanzu dutsen ne ke rinjaye. Ashirin da ɗaya da rabi. Sai a ashirin da ɗaya tabaryar ta kwanta. Biyu sau ashirin da ɗaya, arba'in da biyu, a raba gida goma, laba huɗu da ɗan abin da bai kai kwata ba. Ta ragu. Ba wanda ya iya karanta tef a ɗakin sai ni da Baba, shi kuma idonsa na kan yarinyar. Wallahi na yi tunanin in ɗora yatsa a kan lambar in faɗi wata. Sai Mma ta tambaye ni, muryarta can ƙasa.

"Nawa ne?"

"Ashirin da ɗaya, Mma. Ta ragu kaɗan."

Ta ɗauki 'yarta ta juya fuska ga bango. Kaka ba ta yi murna ba, ta ce dai to, ga shi 'yar bokon ma ta faɗa da bakinta. Matan suka watse ɗaya bayan ɗaya. Ni da na kawo abin don in ceci Mma, ni na miƙa wa Kaka hujja.

Ban tsaya kuka ba. Akwai wata nas, 'yar ƙabilar Ga, da ke zaune a Kokomlemle, tana sayen wake da shinkafa wajen Mma shekara da shekaru, na taɓa kai mata abinci gida. Ban da kuɗin trotro, na tafi a ƙasa cikin rana, rabi gudu rabi tafiya, na same ta tana shanya kayan aikinta. Na zayyana mata komai har da inci da laba. Ta sa na maimaita yadda na yi da kwandon da yashin, ta yi dariya har ta dafa igiyar shanya. Sannan ta ce kusan kowane jariri sai ya ɗan ragu a kwanakin farko, ko lafiyayye ne, kuma abin da na samu bai wuce ƙa'ida ba. Ta ce awo ɗaya ba ya faɗin komai, sai an yi na biyu a ga inda aka dosa. Ta daina dariya ta riƙe kafaɗata ta ce in gaya wa mutanen gida, koko a cikin yarinya irin wannan zawo ne, zawo kuwa kwana biyu zai yi ya gama da ita. A ba ta nono duk bayan awa biyu ko tana barci, a ciyar da uwar, a sake awo bayan mako a daidai lokacin da aka yi na yau. Idan ta sake raguwa, a kawo ta asibiti ko arba'in ya cika ko bai cika ba.

Da na kawo saƙon, Baba ya yi abin da ban taɓa ganin ya yi ba. Ya durƙusa gaban Kaka ya ce, "Inna, ki ba ni mako ɗaya. Idan bayan mako ba ta ƙaru ba, ni da kaina zan ɗauke ta." Bai ce ina zai kai ta ba, Kaka ma ba ta tambaya ba. Sai ta ce ita ba ta san inci ba, ba ta yarda da tef ɗin da mutum ɗaya ke karantawa ba. Ta tashi ta ɗauko wuƙar yankan kuɓewa, ta ce in nuna mata inda dutsen ya tsaya. Da hannunta ta yi wa tabaryarta tsaga a wurin, tabaryar da ko aro ba ta bayarwa, ta kuma tsaga wurin igiya da wurin kwando don kada wani ya matsar. Ta ce idan dutse ya wuce tsagar nan ta gani da idonta, ta janye maganarta.

Aka yi suna washegari ba taro, dabino da goro kawai, aka sa mata Zuwaira. Makon nan ban san abin da aka koyar a makaranta ba. Ina dawowa zan leƙa fuskar yarinyar in ga ko kumatu sun fito, ba na ganin komai. Tabaryar tana rataye a ɗaki, kowa na sunkuyawa ya wuce ta ƙarƙashinta. Abin da na lura da shi, wanda sai da na girma na gane girmansa, shi ne Kaka. Ita da ta ce nonon ya lalace, ita ce ke tashi ta dama kunun kanwa da ɗan geron da ta ɓoye a ƙarƙashin gado, ta tsaya a kan Mma sai ta shanye. Idan aka raba tuwon masara, sai ta ce cikinta na ciwo, ta tura kwanonta ɗakin Mma. Ita ce ke leƙawa ta ce lokaci ya yi, a tashe ta a ba ta. Tana yi tana mita, wai ba ta son a ce ta ci gardama don an bar uwar da yunwa.

Ranar awo na biyu ko makaranta ban je ba, Baba ma ya bar tifarsa. Labari ya riga ya zaga layi, har daga gidajen bayan kwata mata suka zo, Baba Dogo ya bar rumfa ya tsaya a tsakar gida yana tambayar waɗanda ke bakin taga abin da ake ciki. Na duba igiya tana kan tsagarta, kwando na kan tasa, na gwada shi ba kowa a ciki na ga ya kwanta daidai. Zaren dutsen ya kuɓuce mini sau biyu. Na rataye shi a kan tsagar Kaka. Mma ta sa Zuwaira a kwando. Baba ya zare hannunsa.

Kwandon ya yi ƙasa a hankali har ya taɓa matashin kai. Dutsen ya tashi sama yana lilo.

Na buɗe baki in yi bayani, Kaka ta ture ni gefe. Ba ta buƙatar bayani. Ta sa yatsanta ta tura zaren dutsen waje, nesa da tsagar. Kwandon bai tashi ba. Ta ƙara turawa, ya ɗan ɗaga. Ta ƙara kaɗan, tabaryar ta yi lilo sau biyu ta kwanta sambal da layin taga. Tsakanin tsagar da zaren, yatsu biyu na Kaka sun shiga har da saura. Na ɗora tef, ashirin da biyu da rabi. Zuwaira ta mayar da abin da ta rasa duka cikin mako ɗaya.

Wata Bakotokola ce ta fara rangaɗa guɗa, sai gidan ya ɗauka. Na ji Baba Dogo daga waje yana cewa dutsensa ne, dutsensa ne ya yi aikin. Ni tsalle nake ina faɗin lambar da Hausa da Turanci, ba mai saurarona. Kaka ta ɗauko jaririyar daga kwando, ta jinjina ta a hannu kamar tana son tabbatarwa da nata sikelin, sannan ta ɗora ta a cinyar Mma.

"Ba ta ta sha," in ji ta. "Nononki lafiyarsa ƙalau. Ni ce ban gani daidai ba."

Mma ta rufe fuska da mayafi, kafaɗunta na girgiza. Kaka ta juyo ta karɓi wuƙa ta yi sabuwar tsaga.

Daga nan kowane mako sai an yi awo, kowane mako dutsen sai ya matsa waje, tsagogi suka jeru a jikin tabarya kamar matakala. Ya zama ranar biki a gidan. Mata suka fara kawo nasu jariran, waɗanda suka yi girma har dutsen ya kai bakin tabarya bai ɗaga su ba, sai na matso da kwandon zuwa inci biyar na sake lissafi, abin ya yi. Kaka ce ke tsare ƙofa tana tsara layi, tana yi wa baƙi bayani da cewa dutse ƙarami ne amma idan ka ba shi fili sai ya ɗaga abin da ya fi shi. Ranar arba'in na auna Zuwaira da safe, dutse ya tsaya a inci talatin da ɗaya, laba shida da oza uku ke nan. Na rubuta a bayan katin haihuwarta, muka shiga trotro ni da Mma zuwa awon jarirai. Sikelin asibiti ya ce laba shida da oza biyar. Matar da ke awon ta juya katin ta ga jerin lambobina, ta tambayi wane asibiti muke zuwa. Ni ce 'yar fari, Mma ba ta kama sunana don kunya, ko yabona ba ta yi a gaban mutane. Ranar ta nuna ni da haɓa, ta ce da Tuwi wannan ce asibitin.

Shekaru talatin na yi daga baya ina koyar da lissafi da kimiyya a wata makaranta a Alajo, kuma duk shekara idan na zo wannan darasi sai na ji bugun zuciyata ya canja. Yaran yanzu suna da sikeli a kowane kemis, ka hau ya nuna maka lamba da jan haske, har waya ma wai tana ƙirga musu takun da suka yi. Na gode wa Allah da wannan, ba na fatan wata uwa ta sake jiran mako guda tana kallon sanda. Amma lambar da ke fitowa a gilashi ba wanda ya san daga ina ta zo, karɓa kawai ake yi. Mu kuwa da idonmu muka ga nauyin yarinyar yana tura ƙarfe, har tsohuwar da ba ta san baƙi ko ɗaya na boko ba ta karanta shi da yatsa.

Zuwaira tana Kumasi yanzu, tana sayar da atamfa, 'ya'yanta shida, jikoki huɗu, mace ce ƙatuwa da sai ta karkace take shiga ƙofar ɗakina. Ta sha jin labarin nan tun tana ƙarama har ya gundure ta, da na fara sai ta ce Yaya ta tashi tatsuniyarta. Da ta zo Sallar da ta wuce, muna zaune a madafa tana shirin fere doya, sai ta tambaye ni, ita laba huɗun nan da ake ta faɗa, kamar me ke nan. Na karɓi doyar hannunta na jinjina, matsakaiciya ce, ba ta cika girma ba. Na mayar mata na ce wannan ta fi ki nauyi a lokacin.

Ta aje wuƙar. Ta ɗora doyar a tafin hannu ɗaya, ta mayar ɗayan, sannan ta kwantar da ita a kan damtsenta yadda ake riƙe jariri. Ruwan tukunya ya tafasa har ya fara ƙonewa, ba ta fere ta ba.